Wasiƙa Daga Roma: Yinin da Na Yi a Firenze

Aminina,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan kana lafiya, kai da uwargida da yara. Ka gaishe min da Baba da Hajiya, ka ce musu ina nan ƙalau, karatu na tafiya, sanyi ne kawai ya fara leƙowa.

Na san ka ƙullace ni, wata uku ba labari sai 'yan gajerun saƙonni a waya. Na amsa laifina. Yau ma dole ce ta zaunar da ni, domin ranar Asabar na shiga wani gini, kuma tun ina cikinsa kai kake ta faɗo min a rai. Kai ne magini a cikinmu. Ni da Allah ya kai, ido kawai na kai musu.

Garin Firenze ne, a nan Italiya, wanda masu Turanci ke ce wa Fulorens. Ka san halina da yawon taro. Tun zuwana ƙasar nan nake ganin 'yan yawon buɗe ido hamsin-hamsin suna bin mai tuta ɗaya kamar tumaki a bayan makiyayi, na ce wannan kam ba da ni ba. Wani ɗan ajinmu ɗan Sudan ne ya yi ta yi min naci, ya ce akwai masu ɗaukar mutane kaɗan, a je da safe a dawo da dare, tikitin jirgi da na shiga wurare duk a cikin kuɗin. Kuɗin kuwa ya taɓa aljihu, ba zan ɓoye maka ba, sai da na yi mako biyu ina fama da taliya da man zaitun.

Mu takwas muka haɗu a Termini, babbar tashar jirgin ƙasa ta Roma, da sassafe: wasu dattawa mata da miji daga Kanada, 'yan mata biyu 'yan Koriya, wani likita ɗan Birazil da ɗansa, sai mu biyu. Tafiyar ta fi Kano zuwa Kaduna nisa, amma awa ɗaya da rabi jirgin ƙasa ya yi. Ban gama gyangyaɗi ba aka ce mun iso.

Jagorarmu dattijuwa ce 'yar asalin garin, gajeruwa, ga saurin tafiya kamar wadda ta bar tukunya a kan wuta. Ta rataya wa kowa ɗan rediyo a wuya da abin sawa a kunne, don kada ta yi ta ɗaga murya a titi. Sharaɗinta ɗaya ne, wanda ya ɓata ya tsaya inda yake. Na yi dariya a zuci, na ce mutum takwas wa zai ɓata? Za ka ji.

Kafin ta nuna mana ko da bango ɗaya, sai ta zaro wani ɗan kwabo daga aljihu, kwaikwayon kuɗin zinariyar da garin ya fara bugawa a 1252, wanda ake kira fulorin. Ta ce duk abin da za mu gani yau wannan ne ya biya shi. Garin masaƙa ne da marina da fatake da 'yan canji. Ulu suke sayowa har daga Ingila, su saƙa, su rina, su sayar da tsada, ribar su ba sarakuna da Paparoma rance. Gidan Medichi da suka mulki garin daga baya, asalinsu masu banki ne, a 1397 suka kafa shi. Har yau sunayen tituna na sana'a ne, akwai wanda ma'anarsa layin marina, yana kusa da kogi. Nan take na ji garin ya daina yi min baƙunta. Wanda ya tashi yana jin Dukawa da Soron Ɗinki ba sai an yi masa dogon bayani ba.

To ga abin da ya sa na rubuto. Babbar majami'arsu a 1296 aka aza harsashinta, kuma tun a zane suka yanke cewa za a rufe tsakiyarta da ƙubbar da babu irinta, alhali ba wanda ya san yadda za a gina ta. Ka ji ƙarfin hali. Suka yi ta gini fiye da shekara ɗari, har bango ya kai inda zai kai, aka bar rami a sama mai faɗin kusan mita 45, ruwan sama na zuba a ciki. Kai ka fi ni sanin cewa baka ba ya tsayuwa sai an tokare shi da katako har ya kama jikinsa. To ina za a samo itacen da zai tokare wannan faɗi, a wannan tsawo? A 1418 aka sa gasa. Wanda ya ci, Burunelleski, ba ma magini ba ne, maƙerin zinariya ne mai haɗa agogo. Ya ce zai gina ba tokari. Aka fara a 1420, aka rufe a 1436.

Matakala 463 ce zuwa sama, kuma lokacin hawa a rubuce yake a tikiti, in ka makara ka yi asara. Dattawan Kanada suka ce a sauka lafiya, suka nemi wurin shan kofi. Mu shida muka bi ta. Da farko matakalar murɗaɗɗiya ce, ƙunci kamar rijiya, sai ka fito wata 'yar baranda a cikin majami'ar, mutanen ƙasa sun koma kamar tururuwa, a saman kanka kuma zanen ranar hisabi ne ya cika rufin, da shaiɗanu suna haɗiye mutane. Yaron likitan ya ƙanƙame hannun ubansa. Daga nan aka sake shiga duhu, kuma a nan ne jagorar ta tsayar da mu, ta ce kowa ya taɓa bangon damansa da na hagunsa. Ashe ƙubbar biyu ce, wata a cikin wata, mu kuma a tsakaninsu muke tafiya. Ta ciki mai kauri ita ke ɗauke da nauyi, ta waje siririya ita ke tare ruwa da iska.

Ta haska fitilar wayarta a wani wuri da ba a shafe ba. Aminina, da ma kana wurin. Jan bulo ne a jere kwance kamar yadda kowa ke yi, amma bayan kowane 'yan bulo sai ka ga an tsayar da ɗaya a tsaye, na sahun sama kuma ya ɗan gusa gaba, haka haka suna hawa a karkace kamar ƙayar kifi. Ta ce waɗannan na tsayen su ne ke riƙe sahun da ba a gama ba, kada ya zame ya faɗa ciki kafin kwaɓin ya bushe. In sahu ya zagayo ya haɗe, ya zama zobe, ya riƙe kansa, sai a hau na gaba. Sannan a cikin bangon an ɗaure ƙubbar da ɗamarar dogayen duwatsu masu maƙalai na ƙarfe, da wata ta katako, don kada cikinta ya buɗe. Bulo sama da miliyan huɗu. Na sa yatsa a tsakanin biyu daga ciki, kwaɓin na nan daram, shekara kusan 600.

Abin da ya fi ba ni dariya injin ɗaga kayansa ne. Na katako ne, shanu ke zagayawa suna juya shi, amma sai ya yi masa ribas. In kaya sun hau, a sauya giya, igiya ta sauko, shanun na ci gaba da tafiyarsu ba a kwance su an juya su ba. Na tuna ranar da muka kai ka Zariya kana ta nuna mana bakan gizo a tsohon masallacin Juma'a, kana faɗan yadda Babban Gwani ya yi da azara da ƙasa, mu kuwa hankalinmu na kan abincin rana. Ka yafe mana. Sai a cikin wannan duhun na gane abin da kake gani a ranar.

Da muka fito sarari a can ƙoli, gwiwoyina rawa suke. Garin gaba ɗaya jan rufi ne, kogin Arno ya ratsa shi, tuddai sun kewaye shi. Minti goma ta ba mu.

Daga nan sai gidan da aka ajiye shahararren mutum-mutumin da masassaƙi Mikelanjelo ya sassaƙa. Layin waje ya kai ƙarshen titi, mu muka wuce da tikitinmu, a nan kam na ji daɗin kuɗina. Zan faɗa maka gaskiya, raina bai kwanta da shi ba. Sunan Annabi Dawuda suka sa masa, kuma ba sutura, ka san yadda wannan yake a wurinmu. Ɗan Sudan ya tsaya daga baya. Ni na matsa na kalli hannun dama kawai, jijiyoyi sun fito raɗau a bayan hannun kamar na manomi da ya wuni yana huɗa, kuma wai dutse ne. Tsayinsa ya haura mita 5. Mikelanjelo yana da shekara 26 ya karɓi aikin a 1501, a kan wani dutse da wasu masassaƙa biyu suka fara suka yar. Amma waɗanda suka fi tsaya min a rai su ne na kan hanyar shiga, guda huɗu da bai gama ba. Mutum ya fito rabi, rabinsa na cikin dutse, sawun kurfi na nan ɓaro-ɓaro kamar jiya ya ajiye guduma. A nan ake ganin aikin. A wancan an goge wahalar duka.

Abincin rana ba yabo ba fallasa. Abin alfaharinsu na titi tumbin saniya ne a cikin burodi, suna ce masa lampredotto, ƙamshinsa sak romon kayan ciki. Mu da ba mu san yankan ba muka haƙura, jagorar ta shiga wani ɗan shago ta yi musu tambayoyi da yarensu, ta tabbatar mana miyar wake da kabeji ba naman alade a ciki. Burodin garin ba gishiri ko kaɗan, haka suke yinsa tun kaka da kakanni. Na ci don yunwa.

Yanzu sai labarin ɓata. Akwai tsohuwar gada, Ponte Vecchio, ta 1345, shaguna a kanta hagu da dama. Da mahauta ne a wurin suna zubar da ƙazanta a kogi, sai a 1593 mai mulkin garin ya gaji da wari ya kore su, ya zuba maƙeran zinariya, su ne har yau. Ita kaɗai ce gadar garin da sojojin Jamus ba su tarwatsa ba da za su janye a 1944. Ina jin wannan bayani a kunnena, idona kuma na kan wata sarƙa, ina lissafin kuɗinta da naira don in ji ko lefen mutum nawa za ta yi. Can sai muryar ta fara shiii, ta ɗauke. Na waiga, ba ko ɗaya daga cikin mutanena, sai dubban baƙin fuskoki. Zuciya ta ce bi ta can, na tuna sharaɗi, na tsaya kamar an dasa ni. Ba a yi minti biyar ba sai ga ta tana ratsa taro, ta kama hannun rigata ba ta ce komai ba. Da cikin hamsin nake, sai an koma jirgi za a san babu ni.

Wajen unguwar Santa Kroce ta nuna mana wani ɗan allo a jikin bango, sai da na ɗaga kai sosai kafin na gan shi. Nan ruwa ya kai ranar 4 ga Nuwamba 1966, da Arno ya yi ambaliya. Ta ce tana ƙarama a lokacin, abin da ta fi tunawa warin laka da man dumama ɗaki, da matasa daga ƙasashe da yawa da suka zo suna ciro littattafai daga taɓo ɗaya bayan ɗaya.

Unguwar ta dukawa ce, ko ina jaka da bel da takalmi. Na ɗauki wata 'yar jakar hannu mai laushi na shinshina, wallahi sai na ji ni a Ƙofar Wambai. Ka san fatun awaki da tumakin da ake jemewa a Sharaɗa da Challawa, Italiya na cikin manyan masu saye. Ban ce wannan jakar tamu ba ce, amma da na ga farashinta na yi shiru na ajiye ta a hankali, ina tunanin nawa ake sayen fata ɗaya a hannun mahauci ranar Babbar Sallah.

Inda tafiyar ta gaza shi ne lokaci. Babban gidan zane-zanensu, Uffizi, ta ƙofarsa kawai muka wuce, aka ce mana a 1560 aka fara gina shi don ofisoshin gwamnati, shi ke nan. Duk inda ka so ka daɗe, agogo na hannun wani. Sallah ma sai da muka roƙi minti goma, muka sami wani lungu a bakin kogi muka haɗa azahar da la'asar a kan rigar sanyina, jagorar na tsaye daga nesa tana tsare mana jakunkuna. Na ƙudurta zan koma ni kaɗai in kwana biyu, amma ban yi nadamar fara zuwa da ita ba. Da ni kaɗai na hau matakalar nan, da na wuce bulon nan a duhu ina haki, ban san na wuce komai ba.

Na tura maka hotuna uku na bangon a WhatsApp, na biyun ya fi fitowa. Ka duba min da idon sana'a, ka faɗa min ko birkilolinmu za su iya wannan jeri da jan bulo in an nuna musu, ko kuwa akwai wani sirri a kwaɓin da hoto ba zai nuna ba. Kuma in ka ji mai tahowa, a taimaka min da yaji da kuka, nawa sun kusa ƙarewa.

Ka gaida mutanen majalisa duka. Sai na ji daga gare ka.

Wassalam,
Naka har kullum.