Rahoton Ayyukan Shekara: Zamanmu da Rubuce-rubucen Friedrich Schiller

Assalamu alaikum. Malam Shugaba, iyayen ƙungiya, 'yan uwa maza da mata, barkanmu da ganin ƙarshen wata shekarar karatu. Allah Ya jiƙan waɗanda suka riga mu gidan gaskiya, Ya ba marasa lafiyarmu lafiya.

A babban taronmu na bara kuka yanke cewa bana marubuci guda za mu riƙe, mu bi shi a tsanake, mu bar tsince-tsincen da muka saba. Zaɓi ya faɗa kan Friedrich Schiller na Jamus, wanda aka haifa a Marbach ranar 10 ga Nuwamba 1759, ya rasu a Weimar ranar 9 ga Mayu 1805 yana da shekara 45. Da fassarar Turanci muka yi aiki, muna juya ta Hausa da baki a wurin zama. Inda muka yi kokwanto, ɗan uwanmu da ya karanci Jamusanci shi ke duba mana asali. Allah Ya saka masa da alheri.

Mun fara da ƙuruciyarsa. Limamin coci ya so zama, amma Karl Eugen, basaraken da ke mulkin Württemberg, ya sa aka kai shi makarantar soja a 1773, ya fito likitan bataliya a Stuttgart a 1780. Wasansa na farko, Die Räuber, wato 'Yan Fashi, an fara nuna shi a Mannheim cikin Janairun 1782. Don ya je can ba izini aka tsare shi kwana 14, daga bisani aka hana shi rubuta wasa, shi kuwa ya sulale ya bar ƙasar cikin Satumba. A zaman farko matasanmu sun ɗauki Karl Moor, shugaban 'yan fashin a wasan, gwarzo, tunda ƙaninsa Franz ne ya shirya masa sharri a wajen mahaifinsu har ya shiga daji. Da muka kai inda yaransa suka cinna wa gari wuta don ceton mutum ɗaya, wani cikinsu har yana alfaharin ya jefa jariri a wuta, aji ya yi tsit. Akwai 'yan uwa a cikinmu da ƙauyukansu suka san irin wannan dare. Schiller bai wanke Karl ba. A ƙarshe shi da kansa ya tafi miƙa wuya ta hannun wani talaka mai 'ya'ya goma sha ɗaya, don talakan ya karɓi ladan kama shi.

Daga Kabale und Liebe na 1784, wanda muka kira Makirci da Soyayya, wata 'yar uwarmu ta fassara fitowa guda a rubuce: inda tsohon bara ya kawo wa farkar sarki duwatsu masu daraja, ta tambayi kuɗinsu, ya ce 'yan ƙasa 7,000 da aka tura Amurka jiya su suka biya, har da 'ya'yansa a ciki. Sarakunan Jamus kuwa da gaske sun ba Ingila hayar sojoji a yaƙin Amurka. A ganina wannan fassara ita ce aikin rubutu mafi kyau da ƙungiya ta fitar bana. Don Karlos da Maria Stuart mun taɓa su sama-sama ne kawai.

Inda muka daɗe, kuma inda na fi so mu tuna, shi ne wasiƙunsa a kan tarbiyyar mutum ta hanyar kyau. Ciwo ya kwantar da Schiller a 1791, sai wani yarima na Denmak da wani bafade suka yanka masa kuɗi tala 1,000 duk shekara har shekara uku. Wasiƙun godiya da ya riƙa aika wa yariman sun ƙone a gobarar fadar Kopenhagen a 1794, ya sake rubuta su, suka fito guda 27 a mujallarsa Die Horen a 1795. Abin da ke cin ransa juyin juya halin Faransa ne. Faransawa sun ba shi shaidar zama ɗan ƙasa ta girmamawa a 1792, shekara ta zagayo suka sare kan sarkinsu, daga nan kisa ya zama ruwan dare. Ya aka yi masu neman 'yanci suka ƙare a haka? Amsarsa ita ce an sauya doka, mutumin da zai riƙe ta bai nuna ba. A wasiƙa ta shida ya ce rabon aiki ya mayar da mutum gutsure, kowa ya san ɗan lungun sana'arsa, kunnensa ba ya jin komai sai ƙarar injin da yake juyawa. Ma'aikatan ofis na cikinmu ba su nemi ƙarin bayani ba.

Ya ce abu biyu ke jan mutum. Ɗaya na jan sa zuwa ga jiki da sha'awa da abin da yake ji yanzu-yanzu, ɗayan zuwa ga hankali da doka da tsari. Duk wanda ya yi rinjaye shi kaɗai, tilas ce yake ɗora wa mutum. Sai a gaban abu mai kyau biyun ke daidaita, wannan hali kuwa shi ya kira wasa, har ya ce a wasiƙa ta 15 mutum bai cika mutum ba sai a inda yake wasa.

Nan gardama ta tashi. Wani dattijonmu ya ce sam, a nemi wata kalma, domin Bahaushe in yana son girmama abu cewa yake ba wasa ba ne, kuma ba a yabon mutum da wasa da aiki. Ɗan uwanmu mai Jamusanci ya nuna mana cewa su ma kalma ɗaya ce, Spiel, ke ɗauke da wasan yara da wasan dandamali, kamar yadda muke cewa wasan kwaikwayo. Ni dai ina tare da masu cewa a bar ta. Ku dubi mai ɗinkin aska takwas a babbar riga. Rigar za ta rufe jiki ko ba aikin, kuma zanen yana da ƙa'idar da ba ya ƙetarewa, amma duk wanda ya zauna kusa da shi ya san hannunsa a sake yake. Haka mai rubuta waƙa, kari da amsa-amo sun ɗaure shi, a cikin ɗaurin yake samun walwala.

Gardama ta biyu ta fi shafar marubutan cikinmu. Mun saba auna littafi da tambayar ina darasin. Schiller na 1784 zai yarda da mu, domin a laccarsa ta Mannheim ya ce dandamali kotu ce da ke hukunta laifin da doka ba ta kai gare shi ba. Amma a wasiƙa ta 22 ya ce fasahar da aka ƙera don koyarwa ko gyaran hali tana tufka da warwara, tunda aikin kyau shi ne ya saki zuciya, kada ya tura ta wata alƙibla. Wata malama ta ce wannan zancen mai ƙoshi ne. Aka karanto mata wasu baitoci biyu nasa inda yake cewa a bar dogon zance kan mutuncin ɗan Adam, a ba shi abinci da wurin kwana da sutura tukuna. Ta ce ta ji, amma ba ta sauka ba. Ba mu rufe wannan magana ba, kuma ina roƙon kada mu yi gaggawar rufe ta.

Fitarmu waje sau ɗaya ce. Mun nuna wa ɗaliban wata sakandare fitowar Wilhelm Tell ta 1804 da Hausa, inda gwamna Gessler ya kafa hularsa a kan sanda ya ce a gaishe ta, sannan ya tilasta wa Tell harbin tuffa a kan ɗansa. Yaran sun yi mamaki da jin cewa Schiller bai taɓa taka ƙasar Suwizalan ba, kuma Hitler ya hana nuna wasan a 1941. Mun kunna musu waƙar Schiller ta murna yadda Beethoven ya sa mata kiɗa a 1824, kiɗan da ya zama taken Tarayyar Turai.

Abin da ya gagare mu: ba mu buɗe wasansa Wallenstein ba, kuma abotarsa da marubucin Jamus Goethe, wadda ta faro a 1794, zama ɗaya ta samu. Halarta ta ja baya da damina. Kuɗin wata ya taru a kan wasu, shi ya sa buga takardu ya koma aljihun mutum biyu. Ma'aji zai kawo lissafi bayan wannan rahoto. 'Yan uwa mata sun nemi a mayar da zama safiyar Asabar, kwamiti ya goyi baya, saura amincewarku.

Na baɗi shawara biyu ce a gabanku: mu ci gaba da Schiller mu gama Wallenstein, ko mu koma wani marubucin Jamus, Lessing, mu karanta wasansa Nathan der Weise na 1779, wanda ke gudana a birnin Ƙudus zamanin Salahuddin. Kafin a kaɗa ƙuri'a, muna neman mutum uku da za su duba fassarar fitowar tsohon bara da ta Tell, a gyara su a raba wa kowa.

Wassalam.
Sakataren ƙungiya