Takardun mulkin mallakar Indiya: a buɗe su ga masu su

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan alheri, ina roƙon ɗan fili in yi magana a kan wani abu da ya daɗe yana ci mini tuwo a ƙwarya, wato takardun da Turawan Ingila suka tara lokacin da suke mulkin Indiya.

Tun daga 1600 da aka kafa kamfanin East India, wato kamfanin cinikin Ingila da ya soma mamaye Indiya, har zuwa 1947 da Indiya da Pakistan suka sami 'yancin kai, Bature bai daina rubutu ba. Wasiƙun gwamnoni, lissafin haraji, taswirori, bayanan shari'a, duk an adana. Wani babban kaso yana Ɗakin Karatu na Birtaniya a Landan, inda kantocin da aka jera su suka kai tsawon kilomita 14. Indiya tana da tata ma'ajiyar a Delhi, wadda aka soma a Kalkata a 1891, amma ɗalibin da yake son ganin yadda Landan ta yanke hukunci a kan kakanninsa sai ya nemi biza da kuɗin jirgi. Ɗan talaka ina zai samo su?

Abin da ya sa na damu shi ne na koyar da tarihi shekaru masu yawa, na kuma san amfanin irin waɗannan takardu. Ranar 13 ga Afrilu 1919, a filin Jallianwala Bagh da ke birnin Amritsar, Janar Dyer na sojan Birtaniya ya sa sojoji suka buɗe wuta a kan taron jama'a marasa makami. Minti goma aka yi ana harbi, harsasai kusan 1,650. Gwamnatin mallaka ta ce mutum 379 ne suka mutu, jam'iyyar Congress ta 'yan kishin Indiya da ta yi nata binciken ta ce sun kai dubu. Wanda ya yi kisan shi ya ƙirga gawa, don haka dole a karanta adadinsa da taka-tsantsan. Amma kuma a cikin takardun nan ne Dyer, da bakinsa a gaban kwamitin Hunter da gwamnati ta kafa don binciken lamarin, ya amsa cewa da motocinsa masu sulke sun iya shiga lungun da ke kaiwa filin, da mai yiwuwa ya yi amfani da bindigogi masu sarrafa kansu. Ba don an rubuta ba, da yau an musanta. Haka ma yunwar Bengal ta 1943, wadda ta ci rayuka kusan miliyan uku: saƙonnin da aka yi ta aikawa tsakanin Delhi da Landan a kan jiragen hatsi suna nan a ajiye.

Kada wani ya ce ina ruwanmu. Lugard a Madras aka haife shi, a 1858, ya kuma yi aikin soja a Indiya kafin ya zo mana. Kundin hukunta laifuffuka na Arewa daga na Sudan aka ɗauko shi, shi kuwa na Sudan daga na Indiya na 1860. Mai son sanin asalin wasu dokokin da ake hukunta mu da su har yau, sai ya leƙa can.

Ban kuma yarda cewa ajiya a hannun Ingila ita ce aminci ba. Sai a 2011, bayan da tsofaffin 'yan Mau Mau, masu yaƙi da mulkin mallaka a Kenya, suka kai ƙara, gwamnatin Birtaniya ta amsa cewa tana ɓoye da dubban fayiloli na tsofaffin ƙasashen mallaka a wata ma'ajiyarta da ke Hanslope Park a Ingila. Wasu kuwa an ƙone su tun kafin a sauke tuta.

Hanyar tana nan, an ma gwada ta. Ƙasar Katar ta ba da kuɗi aka ɗauki hoton takardun da suka shafi yankin Gulf daga wannan tarin, aka sa a intanet kyauta. A yi wa sauran haka, kuma Birtaniya ce ya kamata ta biya. Ina roƙon jaridarku ta ware shafi a kan wannan batu, ta kuma tura wakili ma'ajiyar takardun tarihi ta Kaduna ya gano mana halin da namu suke ciki.

Wassalam.

Naku,
Malamin tarihi mai ritaya,
Zariya