Mai gogen da na ƙirƙira na neman ɓata mini aure

Assalamu alaikum Hajiya, barka da ƙoƙari, Allah ya ƙara basira. Don Allah a sakaya sunana. Ni budurwa ce 'yar shekara 24, a Tudun Wada nake a nan Kaduna. Da rana ina koyarwa a wata firamare, da daddare kuma ina rubuta labari a waya ina tura wa ƙawayena ta WhatsApp. Wannan rubutun ne ya jawo mini abin da ya hana ni barci.

Labarin wani tsohon hatsabibi ne da na sa wa suna Ɗan Izga, mai gogen da ke juya zamani. Idan ya ja izga a hankali, sai rana ta tsaya cak a inda take. Idan kuma ya juya take daga ƙarshe zuwa farko, sai ya tsinci kansa a shekarun da suka shuɗe. Amma ba a banza ba, duk tafiya ɗaya sai silin gashi ɗaya ya tsinke daga izgar, shekara ɗaya kuma ta fita daga rayuwarsa. Na kai shi Kaduna ta 1917, lokacin da Turawa suka taso da hedikwata daga Zungeru, ya zauna a bakin kogi yana yi wa kadoji kiɗa. Na kai shi Kakuri a 1957, sa'ad da masaƙa ta fara aiki. Babin da ya fi sa mutane kuka shi ne na daren 15 ga Janairun 1966. Ya tsaya a ƙofar gidan Sardauna, inda Gidan Arewa yake yanzu, ya yi ta goge har yatsunsa suka fashe, bai iya hana komai ba. Dokar labarin nawa ke nan, Hajiya: yana gani, yana ji, amma abin da Allah ya rubuta ba ya goguwa.

Abin da masu karatu ba su sani ba, kakana na wajen uwa mai goge ne. Ya rasu tun ba a haife ni ba, kuma a gidanmu ba a ambaton sana'arsa, sai dai a ce "ai buga-buga ya yi". Bara ne na ga gogen a ƙasan adakar Kaka, ƙoƙon ya tsage, fatar guzan ta bushe ta naɗe. Da na dame ta da tambaya, ta ce da ƙuruciya ya yi wa 'yan bori kiɗa, ya san taken iskokin bori irin su Sarkin Rafi da Ɗan Galadima, yana cikin makaɗan da suka cika gari lokacin hawan daba na 1977, daga baya ya tuba ya je Makka. Ko kaset ɗaya bai bari ba. Wallahi ni kewar mutumin da ban taɓa jin sautin hannunsa ba ce ta sa ni rubutun, ba sha'awar tsafi ba.

To, an kawo kuɗin gaisuwata, ana maganar sa rana bayan Babbar Sallah. Ashe ƙanwar wanda zan aura tana cikin masu karantawa, ta kwashe ta kai wa mahaifiyarsu. Ita kuwa ta ce ruwa ba ya tsami banza, yarinyar da ta san taken iskoki a wani wuri ta tsotso. Suka sake bincike, maganar kakana ta fito. Yanzu abin da ke yawo a danginsu shi ne barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe.

Baffana ya kira ni, ya karanta mini aya ta 102 ta Suratul Baƙara a kan sihiri, ya kawo hadisin da ya hana zagin zamani, ya ce wanda ya ba ɗan Adam ikon juya lokaci, ko da a takarda ne, yana wasa da imaninsa. Ban yi masa musu ba, amma raina bai kwanta ba, don tun muna yara ake yi mana tatsuniyar Gizo da Dodo, ba wanda ya ce an yi shirka. Mama kuwa ba ayar ce ta dame ta ba. Kwana tara ke nan gaisuwa kawai take amsa mini, wai na tona abin da ta shekara talatin tana rufewa.

Shi saurayin nawa bai ce ya fasa ba. Shawararsa in sa Ɗan Izga ya tuba a babin ƙarshe, ya farfasa gogen a bainar jama'a, sai ya kai wa mahaifiyarsa ta gani. Tuban bai dame ni ba, ai kakana ma ya tuba. Fasa gogen ne na kasa. Sau uku ina rubutawa ina sharewa, ji nake kamar na cikin adakar Kaka na ɗauko na taka.

Hajiya, ki taimake ni, ki kuma tambayar mini malamai: ƙagaggen labari irin wannan laifi ne a addini? Idan ba laifi ba ne, in bi maganar saurayina don a zauna lafiya, ko in bar labarin a inda ya tsaya? Kuma ta ina zan fara ba Mama haƙuri, alhali har zuciyata ban ga abin kunya a mahaifinta ba? Sili uku ya rage a izgar Ɗan Izga, masu karatu kullum sai sun tambaye ni ina ci gaba, ni kuwa tun ranar da Baffa ya kira ni ban tura ko layi ɗaya ba.

Taki,
'Yar Tudun Wada, Kaduna