Ku waiwayi matar da ke bayan kyamara

Malam Edita, assalamu alaikum.

Na daɗe ina bin shafinku na fina-finai, kuma kusan duk sanda kuka kawo zancen mata, labarin 'yan wasa ne: wacce ta yi aure, wacce aurenta ya mutu, wacce aka dakatar. Ba na ƙin wannan, ni ma ina karantawa. Amma akwai wata 'yar Damagaram da ta fi shekara goma tana shirya fina-finai da kanta, ban taɓa ganin sunanta a shafinku ba. Aïcha Macky nake nufi.

A Zinder aka haife ta a 1982. Ilimin zamantakewa ta karanta a Jami'ar Abdou Moumouni ta Yamai, daga nan ta tafi Saint-Louis ta ƙasar Senegal ta koyi shirya fim na gaskiya, wanda ba wasa a cikinsa, mutane ne da rayuwarsu. Ba ta ƙarƙashin wani babban kamfani, nata ta kafa, ita ke neman kuɗi, ita ke zaɓar abin da za ta ɗauka.

Fim ɗinta na 2016, L'arbre sans fruit, wato itacen da ba ya 'ya'ya, shi ya sa na ɗauki alƙalami. A kan rashin haihuwa ne, kuma da kanta ta fara: matar aure ce da ba ta samu haihuwa ba, mahaifiyarta kuma wajen haihuwa ta rasu tun Aïcha tana ƙarama. Tana yi wa marigayiyar magana a cikin fim ɗin, tana kuma zama da wasu mata masu irin ciwonta. A 2016 ɗin ya ci kyautar AMAA, wato kyautar fina-finan Afirka.

A wayar wata ƙawata na kalle shi, sai gwaggona ta faɗo mini a rai. Shekara goma sha bakwai ta yi a gidan miji. Duk gidan suna ita ce a madafa, ita ke tuƙa tuwon taro, amma in an miƙo jariri sai a tsallake ta. Da kunnena na ji wata tsohuwa ta ce da ita juya, tana tsugune tana wanke tukunya, ko kai ba ta ɗaga ba. Ta sha jiƙe-jiƙe da rubutu har ta gaji. Mijin kuwa ko sau ɗaya ba wanda ya ce masa ya je asibiti a duba shi. A gidanmu ba a yin wannan maganar, sai ga wata ta yi ta a gaban duniya da fuskarta a buɗe.

A 2021 Aïcha ta fito da wani fim mai suna Zinder. Ta shiga Kara-Kara, unguwar garin Zinder da a da ake ware kutare, ta zauna da samarin ƙungiyoyin da ake kira palais, masu ɗaga ƙarfe da masu fasa-ƙwaurin mai daga Nijeriya. Mutanen gari da yawa ba sa taka unguwar ko da rana. Ita kuwa sun sake da ita har suna faɗa mata abin da suka aikata, da Hausarsu.

Abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya shi ne, an nuna wannan fim a bikin Visions du Réel a Switzerland, da haɗin gwiwar Faransa da Jamus aka yi shi, Turawa suna karanta fassara a ƙasan allo. Mu da ba ma bukatar fassarar, a Maraɗi ko Kano ko Katsina, yawancinmu ko sunansa ba mu ji ba.

Don haka, Malam Edita, ku tura wakilinku ya yi hira da ita. Ku tambaye ta yadda take haɗa kuɗin aiki, da kuma inda mai ƙaramar waya irina zai samu fina-finanta ta hanyar halal. Ina so in kai wa gwaggona ta kalla tun tana da rai.

Taku mai karatu,
daga Maraɗi