A Dawo Mana da Labarin Makaɗan Ɓoye

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum. Ni maƙerin fari ne a Agege, zobba da mundaye nake yi, kuma rediyona ba ya mutuwa a rumfa tun safe har magariba. Na rubuto ne saboda labarin da kuka fara karanta mana daren Alhamis, na ƙungiyar ɓoye ta masu narka ƙarafa waɗanda ke juya duniya da kiɗa. Mako uku muna bi, sai kuka yanke shi bayan wasu sun bugo waya suna cewa shirmen Turawa ne, wasu kuma suka ce tsafi ake koya wa yara. Raina ya ɓaci ƙwarai, don an tsaya daidai inda wata tsohuwa a labarin ta ɗaga sanda za ta buga sautin da ke mayar da dalma zinariya.

Malam Edita, labarin ƙage ne, kowa ya sani. Shekara ashirin da biyu ina gaban wuta, dalma ba ta taɓa zama zinariya ba, ba kuma za ta zama ba. Amma wanda ya ce tunanin na Turawa ne bai bincika ba. Kalmar kimiyya da 'ya'yanmu ke karantawa a makaranta daga Larabci ta zo, kuma asalinta sunan wannan sana'a ce ta neman juya ƙarfe ya koma zinariya. Littattafan da ake jinginawa ga Jabir ɗan Hayyan, wani masani Musulmi da ya rayu a ƙarni na 8, sun ce duk ƙarafa daga zaiba (ƙarfen nan mai kama da ruwan azurfa) da farar wuta suke, bambancinsu a gwargwado ne da tsabta. Sun yi kuskure a nan, sai dai a hanyar neman zinariyar suka ƙware a tacewa da narkarwa da awo, abin da masu haɗa magani suka gada.

Ƙungiyar ɓoyen ma an yi ta da gaske. A Basra ta ƙasar Iraƙi, cikin ƙarni na 10, wasu masana da ke kiran kansu Ihwanus Safa sun ɓoye sunayensu suka rubuta wasiƙu 52 kan lissafi da taurari da ma'adinai da sauransu. Ɗaya daga ciki kan kiɗa take ɗungum. Sun ɗauki tsirkiya huɗu ta garayar Larabawa da ake kira udu, suka haɗa kowace da ɗaya daga wuta, iska, ruwa da ƙasa, suka ce idan an daidaita su sauti na iya sauƙaƙa wa majinyaci. Ban ce a bi aƙidarsu ba, Imam Gazali kansa ya soke su. Cewa nake yi marubucin labarin nan daga rumbunmu ya ɗebo, ko ya sani ko bai sani ba.

Ni abin da ya sa labarin ya kama ni a rumfata yake. Ranar da mahaifina ya fara bari na haɗa jan ƙarfe da tutiya, ina ɗan shekara goma sha huɗu, na ga ja da fari sun shiga tukunya sun fito rawaya mai sheƙi, har na ɗauka zinariya muka yi. Ya ce in rufe baki in saurari zuga-zugi. Da kunne yake gane wuta ta kai, da kunne yake gane ƙarfe ya tsage a ciki: ya ɗan ƙwanƙwasa munduwa a kan uwar maƙera, in ta yi ƙara siririya mai tsawo lafiya take, in ta yi dum sai a mayar da ita wuta. Har yau haka nake gwada azurfar da ake kawo mini, kafin in ɗauko ruwan gwaji.

Kuma wane Bahaushe ne bai ga kiɗa ya canza mutum ba? A buga wa maƙeri dundufa a ga yadda tsikar jikinsa ke tashi. Mahautan mayankar Oko-Oba su faɗi abin da kalangu ke yi musu. Gangar noma kan sa saurayin da ya gaji ya ƙara kunya goma a gonar gayya. Marubucin ya ɗauki wannan ne ya ƙara masa gishiri, kamar yadda kakanninmu suka sa gizo ya yi magana ba wanda ya ce sun yi shirka.

Ƙorafina ɗaya gare shi: ya ba mutanensa fiyano da goge irin na Turai. Ya ba su kukuma da gurmi da sarewa mana, ya sa ɗakin taronsu a bayan wata maƙera a Agege ko Idi-Araba. Yarana uku a Legas aka haife su, Yarabanci da Turancin kasuwa sun fi zama a bakinsu, amma daren Alhamis ɗin nan su ke kunna rediyo da kansu, har ƙaramar ta tambaye ni mece ce zaiba. Jiya ma ta sake tambaya ko tsohuwar ta buga sautin.

Don Allah a duba, a ci gaba daga inda aka tsaya.

Naku,
Mai sauraro daga Agege, Legas