Wasiƙa ga ɗana kan bashin gidan da yake shirin ɗauka

Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan kana lafiya, kai da iyalinka. Mu ma nan lafiya ƙalau, sai ciwon gwiwar mahaifiyarka da ke motsawa in an yi sanyi. Ta ce a gaishe ka, a kuma shafa mata kan jikarta.

Na ga hotunan gidan da ka turo wa ƙanenka a waya. Gida ya yi kyau, Allah Ya sa alheri. Ɗaki biyu da falo, ga fili a baya da za a iya ƙara ɗaki in iyali sun ƙaru. Na ji daɗi da ka fara tunanin mallakar muhalli tun kana ɗan shekara 30, domin na san abin da haya ke yi wa magidanci a Kaduna, kowace shekara mai gida da sabon zance. Amma akwai kalma ɗaya da ka faɗa mini a waya daren Juma'a wadda ta hana ni barci. Ka ce, "Baba, abin da zan riƙa biya a wata ne kawai abin dubawa, in zan iya shi ke nan." Waya ba ta da daɗin lissafi, shi ya sa na ɗauko biro da takarda. Shekara 33 na yi ina aikin akanta kafin na yi ritaya, kuma abin da na fi gani yana kayar da ma'aikata shi ne wannan maganar taka.

Ga yadda na fahimci zancen. Gidan naira miliyan 20 ne. Kana da miliyan 5 da za ka bayar kafin alƙalami, saura miliyan 15 ka ranto. Hanya biyu ce a gabanka: ko lamunin Asusun Gidaje na Ƙasa da ake bi ta Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, wanda ka ce layinsa na da tsawo, ko kuma bankin kasuwanci da ya ce zai ba ka cikin 'yan makonni a kan ruwa kashi 25 cikin 100, ka biya a shekara 15. Mai gidan kuma yana matsa maka, wai akwai wani mai saye a ƙasa.

Bari mu fara da na gaggawar. Miliyan 15 a kan kashi 25 cikin 100 na shekara 15, abin da za ka riƙa biya duk wata ya kai kusan N320,000. Ka ninka shi sau 180, wato yawan watannin. Zai ba ka kusan naira miliyan 57 da dubu 600. Ka ranci 15, ka biya 57 da ɗoriya. Gida ɗaya za ka kwana a ciki, amma kuɗin gida kusan uku za ka zuba.

Wannan ma ba shi ne ya fi ba ni tsoro ba. Ka dubi yadda ake raba kuɗin da ka biya. Banki yana fara cire ruwansa ne daga abin da ya rage a kanka, sai abin da ya yi saura ya tafi ga uwar kuɗi. A watan farko, cikin N320,000 ɗin nan, N312,500 ruwa ne zalla. Abin da zai rage daga bashinka bai kai N8,000 ba. Kuɗin da bai isa ka cika tankin motarka ba. Ka yi shekara 5 kana biya ba fashi, ba ka taɓa makara ko sau ɗaya ba, ka zuba sama da miliyan 19. Ka je ka tambayi nawa ake binka, za a ce maka miliyan 14 da 'yan kai. Na sake lissafin nan sau uku, har na kira ƙanenka ya buga a kwamfuta, amsar ba ta canza ba. Idan a shekara ta biyar ɗin nan aiki ya tsaya, ko ciwo ya zo, ko matarka ta ajiye aiki tunda da albashinta kuka haɗa, to miliyan 19 sun tafi kuma bashin har yanzu kusan duka yana kanka.

Na ga wannan da idona. Akwai abokin aikina da muka zauna ofis ɗaya shekara da shekaru, ba zan kama sunansa ba, ya rasu. Ya ɗauki irin wannan bashin, ya biya shekara 6, sai aka samu tsaikon albashi na watanni. Ranar da ya zo mini da takardar da banki ya aiko masa, hannunsa na rawa, ya ce in duba masa ko kuskure aka yi, domin a lissafinsa ya kusa biyan rabi. Na bi layi-layi da kan biro. Babu kuskure ko na kwabo. Ban san yadda zan ɗaga kai in faɗa masa ba. Daga baya gidan aka sayar, suka koma haya a unguwar da suka baro, yaransa suna wucewa ta ƙofar gidan da suka saba kira nasu in za su makaranta.

Sai ka tambayi wani abu kuma, a rubuce, kada ka yarda da amsar baki: ruwan nan tsayayye ne ko mai motsi? Yawancin bashin bankunan kasuwanci akwai sharaɗi a ciki cewa suna iya sauya ruwa in kasuwa ta sauya. Kai shaida ne, a farkon 2022 ma'aunin ruwa na Babban Bankin Nijeriya kashi 11.5 ne, zuwa watan Nuwamban 2024 ya kai 27.5. Duk wanda bashinsa ke bin wannan ma'auni, wasiƙa kawai ya samu cewa abin da zai biya ya ƙaru, ba a nemi shawararsa ba. A Amurka ma irin wannan bashi mai ruwa mai motsi yana cikin abin da ya raba ɗimbin mutane da gidajensu a rikicin tattalin arziki na 2008.

Yanzu na gwamnatin. An kafa asusun ne da dokar 1992, kuma shi ne kashi 2.5 cikin 100 ɗin nan da ake cira a albashi. Ruwansa kashi 6 ne, ana iya biya har shekara 30, gwargwadon abin da ya rage wa mutum kafin ritaya. Miliyan 15 a kan haka, kusan N90,000 ne a wata. Da sauƙi ƙwarai in aka kwatanta. Amma ninka shi sau 360, za ka samu miliyan 32 da kusan dubu 400. Ruwan kaɗai ya haura miliyan 17, ya fi abin da ka ranta. A watan farko N75,000 ruwa ne, kusan N15,000 ne ke taɓa uwar kuɗi. Bayan shekara 10 ka biya kusan miliyan 11, ana binka miliyan 12 da rabi. Sai ka shiga shekara ta 19 kafin abin da ke zuwa ga uwar kuɗi ya rinjayi abin da ke zuwa ga ruwa. Ranar da za ka biya na ƙarshe kana da shekara 60. 'Yar da ke rarrafe a falonka yau, in Allah Ya raya ta, tana ɗakin mijinta da nata 'ya'yan.

Shekaru ne ke cin kuɗin, ba komai ba. In ka ɗauki bashin nan a shekara 20 maimakon 30, biyan wata zai koma kusan N107,500. Ƙarin N17,500 ke nan, amma jimillar ta sauko zuwa miliyan 25 da dubu 800. Ka tsira da sama da miliyan 6 da rabi. Ko kuma ka bar shi a shekara 30, amma duk wata ka ɗora N10,000 a kai, ka tabbatar an rubuta ta a kan uwar kuɗi: za ka gama kusan shekara 7 kafin lokaci, ka rage kusan miliyan 4 da rabi. Don haka ka tambaya tun yanzu ko an yarda a biya kafin wa'adi, kuma ko akwai tara a kan hakan. Wasu suna sa tara, domin saurin biyanka asara ce gare su.

Zan yi maka adalci a nan, domin ba na son ka ce tsoho ya ɗauki gefe ɗaya. Naira tana zubewa. A ƙarshen 2024 hauhawar farashi ta haura kashi 34 cikin 100. Wanda ke biyan N90,000 tsayayya, bayan shekara 15 wannan kuɗin ba za su yi masa nauyin da suke yi yau ba, muddin albashinsa ya bi sahu. Kuma haya ba ta tsayawa, kuɗinta ba ya dawowa. Ta fuskar lissafi tsagwaronsa, ruwa kashi 6 tsayayye a ƙasar da kaya ke tashi haka abu ne mai rahusa, kuma shi ya sa layinsa ke da tsawo. Sai dai ka lura da kalmar "muddin". Na yi aiki a shekarun da farashi ya ninka albashi yana nan inda yake.

Akwai kuma kuɗaɗen da ba su cikin wancan lissafi sam, kuma da tsabar kuɗi ake biyansu tun kafin a miƙa maka mabuɗi. La'adar dillali, kuɗin lauya, kuɗin mai kimanta gida, kuɗin buɗe fayil a banki, harajin hatimi, rajistar jingina. Dokar filaye ta 1978 ta sa sai da amincewar gwamna ake jinginar da fili mai takardar mallaka, wannan ma da kuɗinsa da zirga-zirgarsa. Sai inshorar gobara da ta rai da za a ɗora maka duk shekara, da kuɗin ƙasa. Ranar da ka zama mai gida kuma, rufi in ya yi yoyo kai ne, rijiyar burtsatse in ta lalace kai ne. Kafin ka ba kowa ko sisi, ka je ofishin KADGIS, hukumar rajistar filaye ta jihar Kaduna, da kanka a binciki takardar gidan, a tabbatar sunan mai sayarwa ne a kai kuma ba a jinginar da shi a wani wuri ba. Mai sayarwar da ke hana ka lokacin bincike, ruwa ba ya tsami banza.

Ka ambaci cire wani abu daga asusun fanshonka. Gaskiya ne, tun 2022 hukumar fansho ta ba da damar wanda ya yi shekara 5 yana zubi ya yi amfani da abin da bai wuce kashi 25 cikin 100 na ajiyarsa ba don biyan kason farko na bashin gida. Amma wannan kuɗin tsufanka ne. Ni da nake cin fansho yau na san darajar kowace naira a ciki. In ka taɓa shi, ka sa shi a lissafin tsadar gidan.

Na bar babbar magana sai yanzu, ba don ta fi ƙanƙanta ba. Ɗana, kuɗin ruwa riba ce, kuma ka karanta ƙarshen Suratul Baƙara tun kana makarantar allo. Yadda malamanmu suka karantar da mu, ƙanƙantar ruwa ba ta canza sunansa. Na yi maka lissafin duka biyun ne don ka ga abin da idonka, ba don na sa maka albarka a kan ɗaya ba. Lissafi yana gaya maka tsada, ba ya gaya maka halal. Yanzu akwai bankunan da ba sa mu'amala da ruwa. Jaiz ya fara aiki tun 2012, wasu sun biyo baya. Suna da tsarin da za su sayi gida su sayar maka da riba sananniya, ko ku yi tarayya a mallaka kana biyan haya kana sayen kasonsu kaɗan-kaɗan har ya zama naka. Nan zuciyata ta fi kwanciya. Amma kada sunan Larabci ya sa ka ajiye biro. Su ma kasuwanci suke yi, ribarsu na iya yin nauyi. Tambayar ɗaya ce a ko'ina: daga yau zuwa ranar ƙarshe, nawa ne jimillar abin da zai fita daga aljihuna, kuma in na gaza a tsakiya me zai faru da abin da na riga na biya? Ka kai takardar wurin malamin da ya san fiƙihun ciniki, ka kai wa lauya, kowa ya duba ɓangarensa.

Gidan nan da aka haife ka a ciki, shekara 11 na yi ina gina shi. Fili na fara saya da kuɗin adashe. In albashi ya shigo in sayi bulo 100 in jibge, wata shekara a yi linta, wata a ɗora kwano. Mun tare babu filasta, babu silin, mahaifiyarka ta rataya zani a tagar ɗakinta har damina biyu. Kana yaro kana wasa a kan tulin yashin da ke tsakar gida, kana tsammanin don kai aka zuba shi. Ba na cewa wannan hanya kyauta ce. Wanda ke gini a hankali yana biyan haya a gefe, kuma siminti ba ya jiransa. Buhun da ake saya wajen N5,000 a 2023 ya haura N10,000 a farkon 2024. Amma watan da babu, na daina sayen bulo ne kawai, babu wanda ya aiko mini da takarda. Da miliyan 5 ɗinka da abin da za ka riƙa ba banki duk wata, ka zauna ka auna inda gini zai kai a shekara 4 ko 5. Wataƙila amsar ta ba ka mamaki, wataƙila kuma ta nuna maka sayen ya fi. Kai ne za ka yanke, kai ne mai iyali.

Abin da nake roƙonka shi ne kada ka sa hannu a komai kafin Sallah. Ka ce kowane banki ya buga maka jadawalin biya cikakke, wata-wata, mai nuna ruwa daban, uwar kuɗi daban, da ragowar bashi. Haƙƙinka ne, kuma minti kaɗan ne aikin a wurinsu. Ka taho da su tare da kwafin takardar gidan, mu baje a tabarma bayan sallar isha'i, ni da kai da matarka, tunda da guminta za a biya. In mai gidan ya ce ba zai jira mako uku ba, ka bar shi ya sayar wa wancan.

Mahaifiyarka ta ce ka taho mata da maganin shafawar nan na gwiwa, wanda ka kawo bara ya ƙare. Allah Ya yi maka albarka, Ya ba ka muhalli na halal.

Wassalam,
Mahaifinka