Rahoton Ayyukan Shekara ga Membobi

Assalamu alaikum 'yan uwa. Tarukan wata-wata sun gudana yadda aka saba, sai na azumi da muka ɗage.

Abin da ya fi faranta mana rai bana shi ne bitar neman magani ta hanyar guntayen sinadarai, wato ƙananan sinadaran da ake farawa da su a gina magani. Malamar da ta jagoranta, Allah ya saka mata da alheri, ko kuɗin mota ba ta karɓa ba. Ta faro daga 1996, lokacin da Stephen Fesik da abokan aikinsa a kamfanin Abbott suka nuna da na'urar NMR, mai binciken sinadarai da maganaɗisu, cewa ƙananan sinadarai biyu masu manne wa furotin sama-sama, in aka haɗa su, sai riƙonsu ya yi ƙarfi. Ta bi ta kan ƙa'idar masanan kamfanin Astex ta 2003, mai cewa nauyin guntu kada ya kai dalton 300 (dalton ma'aunin nauyin ƙwayoyin sinadari ne). Daga nan sai furotiyes, enzayim mai datse furotin. Kowa ya buɗe kwamfutarsa ya sauke siffar Mpro, babban furotiyes na ƙwayar korona, wanda cibiyar Diamond ta Ingila ta gwada masa ɗaruruwan guntaye a farkon 2020, ta saki sakamakon kyauta. Da idonmu muka ga guntayen zaune a ramin da ke kusa da Cys145 da His41, sassan enzayim ɗin da ke yin datsar, wannan a lungu ɗaya, wancan a wani. Wata ɗalibarmu ta tashi ta nuna inda za a ɗinke biyu su zama ɗaya, ɗakin ya kaure da tafi. Ba mu watse ba sai da aka kira magariba. Malama ta kuma ja mana kunne da verubecestat na kamfanin Merck: daga guntu aka taso shi, ya toshe BACE1, wani furotiyes mai alaƙa da cutar Alzheimer, yadda ake so, amma a 2017 aka dakatar da babban gwajinsa domin bai amfani masu cutar Alzheimer ba.

To, aikin falsifen-2 fa? An yi ta tambayata, har da gori. Mun yi alkawarin gwada guntaye a kwamfuta kan wannan furotiyes da ƙwayar zazzaɓin cizon sauro ke narkar da himogulobin da shi, kuma ba mu kammala ba. Ba sakaci ba ne. Manhajar gwajin, AutoDock Vina, kyauta ce, amma wuta da data ba kyauta ba ne. Kwamfutar da muka aro takan kwana tana lissafi, a ɗauke wuta, da safe mu koma farko. Batirin da za mu saya yana jiran kuɗin ƙungiya, kuɗin kuwa yana aljihunku.

Gaskiya na gaji da bin bashi. Ni da ma'aji mun kira, mun aika saƙo, wasu ma sun daina ɗaga waya, amma ranar raba takardar shaidar bita sai ga su a sahun gaba. Wannan bai dace ba. Mutanen da ke shara da jera kujeru su ne dai masu biya.

Duk mai bashi ya ga ma'aji kafin taro mai zuwa, inda za a yanke shawara kan batirin da kuma waɗanda suka shekara ba su leƙo ba.

Sakatare